Zanen da ya ɓace a Kabara da kujerar Kurmina-fari

Idan ana neman wurin da allura ta tono garma a tarihin sarautun Afirka ta Yamma, to a tafi Kabara. A farkon shekarar 1588 zanen wata baiwa ya ɓace a garin, zane guda ɗaya tak, amma kafin a cika wata biyu an soke mai karɓar kuɗin fito na sarki da mashi, gwamnan da ke riƙe da rabin daula ya mutu a hannun ƙaninsa, shi kansa sarkin ya kwanta ƙailula a sansanin yaƙi bai ƙara tashi ba. Duk wanda ya fara jin labarin sai ya ce haba, zane kuma? To zanen dai ashana ce kawai. Busasshiyar ciyawar da ta kama wuta an fi shekara 90 ana tara ta, a ƙarƙashin wata kujera da ake kira Kurmina-fari, wato gwamnan yammacin daular Songhai.

Sai ka fara kallon yadda ƙasar take a shimfiɗe kafin ka gane matsalar. Songhai daula ce ta bakin kogi, ta bi Kwara ta miƙe kamar igiya. Fadar sarki tana Gao, can gabas. Amma dukiyar tana yamma. Gishiri yana taso wa daga Tagaza a bayan raƙuma ya sauka Tambutu, zinariya tana biyo wa ta Jenne daga kudu, shinkafa da geron da Tambutu ke ci daga fadamun yamma ake loda su a jiragen ruwa, kuma duk wannan kaya sai ya bi ta Kabara, wani ɗan gari a bakin ruwa kusa da Tambutu wanda shi ne tashar jiragenta. Daga nan zuwa Gao tafiya ce ta wajen kilomita 400. Ka ga sarki yana gefe ɗaya, rumbu da asusu suna wancan gefen, ga Mosi a kudu suna kawo hari, ga ragowar daular Mali ba ta haƙura ba, ga Fulani da Buzaye kowa da nasa lissafin. Dole wani ya zauna a can da sojoji a hannunsa, wanda zai iya yanke shawara ba sai ya jira manzo ya je Gao ya dawo ba.

Askiya Muhammadu, wanda ya ƙwace mulki daga hannun Sonni Baru a 1493, shi ya ga wannan giɓin. Wajen 1494 sai ya naɗa ɗan'uwansa Umaru Komjago sarautar Kurmina-fari, wasu kuma su ce Kanfari. Kalmar fari ɗin gado ce daga zamanin Mali, tana nufin shugaban mayaƙa, Kurmina kuma sunan yankin tafkuna ne da ke yamma da Tambutu. Umaru ya gina garin Tindirma ya mai da shi mazauninsa, kusan ka ce an yi wa daula babban birni na biyu. Sarakunan yankin, su Bara-koi da Dirma-koi da Hombori-koi, idan yaƙi ya tashi a yamma bayan tutarsa suke bi. Wannan koi ɗin da kake ji shi ne dai na cikin Zarmakoy na Dosso, harshen ɗaya ne da Zabarmanci, ma'anarsa mai abu ko sarkin wuri. Idan kana son kwatance na kusa da gida ka tuna Galadiman Borno da aka zaunar a Nguru yana tsare wa Mai iyakar yamma, sai dai shi na Songhai ƙasar da ke hannunsa ita ce mai maiƙon.

Girman kujerar har a gaisuwa ana ganinsa. Malaman Tambutu sun rubuta cewa kowa ya zo gaban Askiya, wato sarkin Songhai, sai ya tuɓe hula ya yi afi, ya ɗebi ƙasa ya zuba a ka, Sarkin Jenne ne aka yi wa sassauci yana zuba gari maimakon ƙasa, shi kuwa Kurmina-fari zai zuba ƙasar amma hularsa na kansa. Yana da tamburansa, yana da rundunarsa, ganima in ta samu ta hannunsa take bi.

Kuma a zamanin Umaru abin ya yi aiki, wannan ba gardama. A ƙarshen 1496 Askiya ya kama hanyar Makka da dawakai 500 da dakaru 1,000 da zinariya miskali 300,000, bai dawo ba sai 1498. Ka yi tunani fa, mutumin da shekara uku kacal da yin juyin mulki, ya bar ƙasa kusan shekara biyu, ba waya ba rediyo, ya dawo ya tarar da gadonsa yadda ya bar shi, Umaru ya riƙe masa bai ko gwada zama a kai ba. A 1512 kuma rundunar Songhai ta ratsa ƙasa mai ƙishirwa har yankin Jara ta kashe Tengella, shugaban Fulanin da ya addabi yammacin, ɗansa Koli ya wuce Futa Toro ya kafa tasa sarautar, kuma ɗaya daga cikin tarihohin Tambutu Umaru ya ba wannan nasarar. Ni dai a karatuna nan ne tushen matsalar yake. Rigar an ɗinka ta ne daidai jikin mutum ɗaya. Askiya bai yi wa kujerar wani takunkumi ba saboda wanda ke kanta Umaru ne, amana ce ta 'yan'uwa biyu da suka sha wuya tare tun suna yaƙi a ƙarƙashin Sonni Ali. Da Umaru ya rasu wajen 1520 sai rigar ta rage, da faɗinta da komai, ana ta saka wa mutanen da ba su da wannan amanar tsakaninsu da mai Gao.

Ga kuma babbar ɓaraka, a Songhai ba a tsayar da ƙa'idar gado ba. Askiya Muhammadu ya haifi 'ya'ya da yawa ƙwarai, uwa daban-daban, kowa ya san me 'yan ubanci ke yi a gidan mai mata huɗu ma balle gidan sarki mai ƙwaraƙwarai. Mutane suna kallon Kurmina-fari a matsayin na biyu a daula, kamar shi ne mai jiran gado, shi ma haka yake ji a ransa, amma babu inda aka ce lallai shi ne. An ba shi sojoji, an ba shi sa rai, ba a ba shi alkawari ba.

Wanda ya fara ɗanɗana kuɗarsa shi ne Yahaya, ɗan'uwan Askiya da ya gaji Umaru. Lokacin tsoho ya makance, wani bafade na kusa da shi mai suna Ali Folon shi ke ɓoye makantar yana tafiyar da al'amura, 'ya'yan sarki kuwa da Musa a gaba suka ce ba su yarda ba. Tsohon ya kira Yahaya daga Tindirma ya zo ya tsawata wa yara, har yana ja masa kunne kada ya tsananta musu. Yaran suka tare baffansu da makami, rauni ya yi ajalinsa. Ranar Babbar Salla ta 1529 Musa ya tuɓe mahaifinsa. Shi Ali Folon gudu ya yi da niyyar wucewa hajji, a Kano ajali ya riske shi. Kurmina-farin da ya biyo baya, Usmanu, ɗan'uwan Musa ne, su ma suka gwabza, ya tsere Walata. Kafin a je ko'ina kujerar ta ci mutum biyu.

Cikin duk waɗanda suka riƙe ta a wannan ƙarnin, biyu ne na ga sun tashi daga kanta kai tsaye sun hau gadon Askiya, kuma yadda suka hau ɗin abin lura ne. Na farko Muhammadu Bonkana, ɗan Umaru Komjago. A 1531 da 'yan'uwan Musa suka gaji da kisan da yake yi suka kashe shi, Bonkana yana wurin a sansani, wanda ya yi kisan ya juyo ya zo hawa gado sai ya tarar Bonkana ya riga shi zama. Ba rundunar Tindirma ce ta ba shi ba, kusanci ne. Shi ne ya kai tsohon Askiya wani tsibiri a cikin kogi, wurin sauro da kwaɗi, kuma shi ne ya kwaso kashinsa a hannun Kanta na Kabi a Wantaramasa. Kanta ɗin ma ai rigimarsa da Songhai daga gwamna ta faro, bayan yaƙin Agadas wajen 1516 ya nemi kasonsa na ganima, Dendi-fari, gwamnan gabas, ya hana, shi kenan Kabi ta ɓalle. To a 1537 wani Dendi-farin ne kuma ya tuɓe Bonkana ya ɗora Isma'ila ɗan Askiya Muhammadu. Gwamnoni sun gane suna iya naɗawa suna iya tuɓewa.

Na biyu shi ne Dawuda, shi ma ɗan Askiya Muhammadu. Ishaƙa na ɗaya da ya hau a 1539 ya kashe Kurmina-farin da ya tarar, wanda ya naɗa a madadinsa shi ma daga baya ƙafa ta cece shi, sannan a 1545 aka ba Dawuda. Ya yi aiki kam, har cikin babban birnin Mali ya shiga da runduna. Amma abin da ya ba shi sarauta shi ne yana da mutane a fada. Da ciwon ajali ya kama Ishaƙa a Kukiya a 1549 sai abokansa suka aika masa a asirce maza ka taho, ya iso kafin rai ya yi halinsa. Ya yi shekara 33 a kan gado, zamanin da ake cewa Songhai ta kai ƙololuwa.

Yanzu ka dubi abin da ya sami 'ya'yansa. A ƙarshen mulkinsa Dawuda ya ba babban ɗansa, shi ma Muhammadu Bonkana sunansa, sarautar Kurmina-fari, kowa ya ɗauka shi ne magaji. Dawuda ya rasu a 1582 a gonarsa ta Tondibi kusa da Gao. Bonkana yana hanya, bai wuce Tambutu ba labari ya same shi wai ƙaninsa Alhaji, da yake shi ne babba cikin waɗanda ke kusa da gawa, har an yi masa mubaya'a. Sojojinsa suka fara sulalewa suna komawa wajen sabon sarki. Mutumin nan sai ya yi abin da ban taɓa jin wani gwamna ya yi ba, ya je wajen Alƙali Aƙibu na Tambutu ya ce a roƙar masa sarki, ya ajiye sarauta, shi dai a bar shi ya zauna ya yi karatu. Aka yarda. Amma tsugune ba ta ƙare ba, manyan sojoji suka je suka ce wa Askiya zaman mutumin nan a Tambutu ba zai yi mana ba, duk wanda ya aiki yaronsa can sai a ce wajen Bonkana ya aika, a ɗauke shi. Aka kama almajirin Allah aka kai shi kurkukun Kanato. Wanda aka ba kujerar bayansa, ɗan'uwansa Alhadi, shi kuma ya ce bari ya gwada ɗaya hanyar, a 1584 ya taso daga Tindirma da sulke da tambura ya nufi Gao, waɗanda suka zuga shi suka zame, shi ma Kanato. Da aka tuɓe Alhaji a ƙarshen 1586 aka naɗa Muhammadu Bani, shi ma ɗan Dawuda, cikin ayyukansa na farko akwai aikawa a kashe su biyun. Wanda ya ajiye da wanda ya yi tawaye kabarinsu ɗaya unguwa.

To wannan ita ce kujerar da Bani ya miƙa wa ɗan'uwansa Salihu. Ka sa kanka a matsayinsa ranar naɗi, ana buga maka tambari kana tuna mutum biyun da suka riga ka.

Mu koma Kabara. Sarakunan Gao ba wawaye ba ne, sun san haɗarin barin yamma a hannun mutum ɗaya, don haka ba su bar masa komai ba. A Kabara akwai Balama, babban kwamandan sojojin da ke wurin, shi ma ɗan sarki ne, a 1588 Muhammadu Sadiƙu ɗan Dawuda ke riƙe da ita. A garin dai kuma akwai Kabara-farma, mai kula da tasha, duk jirgin da ya shigo ko ya fita shi ke karɓar kuɗin fito, kwastan kenan a yaren yau, kuma shi ke lura da dukiyar Askiya a wurin. Wannan ba a ba ɗan sarki, bawan sarki ake ba, mutumin da ba shi da dangi ba shi da gado, ba ya jin maganar kowa sai ta ubangijinsa na Gao. Dabara ce mai kyau a takarda, takobi a hannun wannan, jaka a hannun wancan, kowa na sa wa kowa ido. Amma a ƙasa abin da ta haifar shi ne ɗan sarki mai dakaru yana zaune ƙofa da ƙofa da bawan da ya fi shi kuɗi kuma ya fi shi shiga kunnen sarki, a ɗan ƙaramin gari, kullum suna haɗuwa. Mai riƙe da tashar a lokacin sunansa Alu, kuma Abdurrahman Sa'adi, malamin da ya rubuta Tarikh al-Sudan wajen 1655, azzalumi ya kira shi.

Labarin zanen a ɗaya littafin yake, Tarikh al-Fattash. Zanen wata baiwar Alu ya ɓace, aka zargi wani yaron Balama. Alu ya aika wa Sadiƙu, Sadiƙu ya tambayi yaronsa, yaro ya ce shi bai ɗauka ba, Balama ya mayar da amsa haka. Alu bai gamsu ba, magana ta yi zafi har da zage-zage ta bakin 'yan aike, ƙarshe Alu ya sa aka cafke yaron, aka zane shi da bulala aka jefa shi a ɗaki aka kulle. Duk wanda ya san gidan sarauta ya san dukan bara ba baran ake duka ba. Sadiƙu ya tashi da kansa ya je gidan Alu ya soke shi da mashi, aka jefar da gawar waje, ya kwashe dukiyar gidan. Wannan a farkon watan Maris ne. Mutanen Tambutu da suka sha hannun Alu hamdala suka yi.

Sai da zuciya ta sauka Sadiƙu ya ga ramin da ya faɗa. Bawan Askiya ya kashe, dukiyar Askiya ya taɓa, kuma Askiyan nan Bani ne, wanda jinin 'yan'uwansa biyu bai bushe a hannunsa ba. Zuwa ba da haƙuri a Gao daidai yake da kai wuya wajen mahauci. Sai ya aika Tindirma wajen Salihu, ya ce yaya ka taho mu haɗa ƙarfi mu tafi Gao, kai ne babba, kai za ka zama Askiya.

A nan ne nake ganin ainihin aikin gwamna ya fito fili, don ka duba zaɓin da ke gaban Salihu. A ƙa'ida shi ne wakilin sarki a yamma, Balama a yankinsa yake, abin da ya kamata shi ne ya kama mai laifi ya tura Gao. Amma da wane ƙarfi, alhali mai laifin na da rundunarsa, ga gari na sonsa? In ya yi zamansa a Tindirma ya ce ba ruwansa, Bani zai ce da saninsa aka yi, ai Bonkana ba abin da ya yi aka kashe shi. In ya bi Sadiƙu ya zama Alhadi na biyu, kuma ko an ci nasara wa ya tabbatar masa cewa wanda ya fara zubar da jinin zai miƙa masa gado ya koma gefe? Gaba kura baya sayaki. Sai ya yi abin da masu tsoro kan yi, ya ɗauki rabi-rabi. Ya taso da runduna ya zo kusa da Kabara ya yada zango, bai shiga ba bai koma ba. Mutanensa suka ba shi shawara, suka ce gwada shi, ka ce ya miƙo maka dukiyar Alu da ya kwashe, in da gaske yake kai ne sarkin gobe ai kai ka fi cancanta da ita. Shawarar a ido kamar mai hankali, amma ka lura da abin da ta ƙunsa, in dukiyar ta zo hannun Salihu yana iya kai ta Gao ya wanke kansa ya bar Sadiƙu a rana, kuma Sadiƙu ya san haka sarai. Ya ƙi. Daga nan sai faɗa, kuma Sadiƙu da hannunsa ya kashe yayansa, kafin watan Maris ya fita.

Abin mamaki, rundunar mamacin ba ta watse ba, komawa ta yi bayan wanda ya kashe shi. Hombori-koi da Bara-koi da Bagana-fari da sauran manyan yamma suka yi wa Sadiƙu mubaya'a a matsayin Askiya. Mutum ɗaya fitacce da ya zame ya gudu Gao shi ne Mahmudu ɗan Askiya Isma'ila. Wannan ya nuna maka cewa injin da Askiya Muhammadu ya ƙera, wato yamma mai rundunarta da sarakunanta da suka saba bin tuta ɗaya, ba ruwansa da wanda ke riƙe da sitiyari. An kashe direba, wani ya hau, mota ta ci gaba da tafiya, kuma hanya ɗaya ta sani, ta Gao.

Tambutu kuwa ba ta ɓoye inda zuciyarta take ba. Attajirai suka ba da gudummawa, aka ambaci sunan Sadiƙu a huɗuba, har teloli suka bi runduna suna ɗinka wa sojoji riguna. Ni ban ɗauki wannan a matsayin son Sadiƙu kawai ba, ko da yake an ce suna sonsa. Garin fatake ne da malamai, su ke biyan kuɗin fito a Kabara, kuɗin yana tafiya gabas wajen mutanen da ba sa gani sai in an zo karɓa, yanzu ga wani ya kashe mai karɓar, ga shi zai zama sarki da taimakonsu. Ko kai ne ka buɗe jaka.

Bani ya fito daga Gao da babbar runduna ya tare hanya. Mutum ne mai jiki sosai, ga watan Afrilu, wanda ya san zafin bazara a wannan yankin ya san me ake nufi, ga shi ya saka sulke. Ya shiga tanti ƙailula, da bayi suka zo tashinsa sai gawa. Fadawa suka so su rufe maganar su ɗora Mahmudun nan da ya gudo, wani daga cikin bayin fada ya tsegunta wa Ishaƙa ɗan Dawuda, Ishaƙa ya tara 'yan'uwansa suka kewaye tantin, ranar 10 ga Afrilu 1588 aka naɗa shi. Ka ga an sake maimaitawa, na kusa da gawa shi ya samu. Sadiƙu yana tafe da shirin yaƙar sarkin da kowa ya tsana, ya iso ya tarar da sabon sarki da rundunar da ta riga ta yi masa rantsuwa. A Tambutu kuwa har an hau soraye ana kaɗa ganguna, wai Sadiƙu ya zama Askiya.

An gwabza, aka karya shi. Ya gudu ta Tambutu, ya bi ta Tindirma, ya haye kogi ya nufi wajen duwatsun Hombori, aka bi sawu aka kama shi aka kashe. Sannan Ishaƙa ya juyo kan yamma da wuƙa. Hombori-koi an ɗinke shi cikin fatar sa aka binne shi da rai. Sarkin Tambutu, Tambutu-koi Abakar, an kashe shi, shugaban Buzayen Magsharan ya sha ɗauri, manyan mayaƙa da yawa wasu aka kashe wasu aka tuɓe wasu aka kulle. Mahmudu ɗan Isma'ila, wanda ya gudu ya bar rundunar yamma, shi aka ba Kurmina-fari, Muhammadu Gao ya zama Balama. Kujera ta samu sabon mai zama, sai dai mutanen da ke sa ta yi nauyi, waɗanda suka san kowane mashigi da kowace rijiya daga Tambutu zuwa Jenne, rabi suna ƙasa rabi suna kurkuku, waɗanda suka tsira kuma ba su da dalilin mutuwa saboda Ishaƙa.

Can arewa kuwa akwai mai sauraro. Sarkin Maroko Ahmadu Almansur tun hawansa a 1578 idonsa ke kan gishirin Tagaza da zinariyar da ke bayansa. A 1589 wani bawan fadar Gao da Ishaƙa ya yi fushi da shi ya tura Tagaza, ana kiransa Wuld Kirinfil, ya sulale ya isa Marrakesh yana cewa shi ɗan'uwan Askiya ne, ya zazzage musu halin da gidan ke ciki. A watan Oktoba 1590 kwamandan Almansur, Judar Basha, ya taso da mutum wajen 4,000, yawancinsu 'yan bindiga, suka ratsa Sahara. A watan Maris 1591 aka haɗu a Tondibi, wurin da Dawuda ya rasu. Songhai ta kora garken shanu gaba don su tattake baƙi, ƙarar bindiga ta juyo da shanun kan masu su. Ana yawan cewa bindiga ce ta ci Songhai, kuma ta taka rawa ba shakka, amma mutanen Judar sun iso ne a galabaice bayan wata da watanni a hamada, kuma sun sami bakin kogi sun huta sun yi kwanaki suna tafiya ba wanda ya tare su. Tare irin wannan baƙon tun bai sha ruwa ba, ai don shi aka ajiye runduna a wajen Gao tun farko.

Sarautar ba ta mutu nan take ba. Da Marokawa suka zauna a Tambutu sun naɗa nasu Askiyan, Sulaimanu ɗan Dawuda, aka ci gaba da naɗa Kurmina-fari da Balama a ƙarƙashinsa, da rawani da gaisuwa da komai, sai dai umarni daga wajen Basha yake fitowa. Tindirma kuwa tana nan har yau, ƙaramin gari a bakin kogi a yankin Dire cikin jihar Tambutu ta ƙasar Mali, da tsohon masallacin ƙasa da mutanen wurin ke danganta gininsa ga Umaru Komjago.